Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga Ministan Al'adu kan matan da suka yi wa Nijar fim da waƙa

Mai girma Minista,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Muna gaishe ku da aiki, tare da fatan Allah ya dafa muku a kan nauyin da aka ɗora muku.

Masu wannan takarda ƴan sana'a ne mazauna Yamai. A cikinmu akwai ƴan wasan kwaikwayo, mawaƙa da ƴan amshi, masu ɗaukar hoto da sauti, da tsofaffin ma'aikatan rediyo da talabijin da suka yi aiki da kaset tun yana sabon yayi. Muna magana ne da yawun matan da ke haɗa wasa da waƙa da rawa su kaɗai, waɗanda suka riga mu gidan gaskiya da waɗanda ke fama har yanzu. Mun rubuta da Hausa don waɗanda abin ya shafa su ji da kunnensu ba sai an nemo tafinta ba.

A watan Oktoba na 2024 aka sa wa tsohuwar cibiyar al'adu ta Faransa da Nijar sunan mai shirya fim Moustapha Alassane. Mun yi murna, ya cancanta. Da ma can akwai cibiyar Oumarou Ganda. To amma duk wanda ya kalli finafinan da suka ɗaga sunan waɗannan dattawa biyu zai ga fuskar mace ɗaya tana ta dawowa, wato marigayiya Zalika Souley. Da ita za mu fara, domin abin da ya same ta shi ne ke jiran ƙannenta da ƴaƴanta a sana'ar idan ba a gyara ba.

An haifi Zalika a Yamai a 1947. Ba ta cika shekara 20 ba lokacin da Moustapha Alassane ya sa ta a Le Retour d'un aventurier a 1966, fim ɗin da wani saurayi ya dawo daga tafiya da kayan kaboyi ya raba wa abokansa, suka hau dawakai suka addabi gari. Daga nan ta zama tauraruwar Oumarou Ganda. Ta fito a Cabascabo, wanda aka nuna a bikin finafinai na Cannes a Faransa a 1969. Ta fito a Le Wazzou polygame a matsayin matar gida mai zafin kishi da ba ta yarda da zuwan amarya ba, kuma wannan fim ne ya fara cin babbar kyautar Yennenga a bikin FESPACO na Wagadugu a 1972, kafin kowace ƙasa ta taɓa ta. Ta yi Saïtane, ta yi L'Exilé a 1980, ta yi Aube noire na Djingarey Maïga a 1983, ta kuma tsallaka Kodibuwa ta yi aiki. Masu tarihin silima na lissafa ta cikin matan farko da suka riƙi wasan fim a matsayin sana'a a Afirka kudu da Sahara.

Yawancin rawar da aka ba ta ta muguwar mace ce, kuma mutanen wancan lokaci ba su raba ƴar wasa da abin da ta kwaikwaya. Ta sha zagi a kan laifin da a cikin labari kaɗai ta aikata shi. Bayan rasuwar Oumarou Ganda a ranar 1 ga Janairu 1981 harkar fim ta yi ta ja da baya a ƙasar nan. Lokacin da Rahmatou Keïta ta fitar da fim ɗinta na tarihi a kanta, Al'lèèssi, a 2004, duniya ta ga tauraruwar tana zaune da ƴaƴa huɗu a ɗaki biyu, babu ruwan famfo. Ƙarshenta sai da ta fita ƙasar waje tana aikatau a gidajen mutane. Ta rasu ranar 27 ga Yuli 2021. Duk tsawon shekarun nan finafinanta ba su daina yawo a bukukuwan silima da jami'o'in duniya ba. Tsarin da ta yi aiki a cikinsa shi ne a sallami ɗan wasa sau ɗaya a ranar ɗaukar hoto, shi ke nan an rabu, kuma tsarin yana nan daram.

Ta ɓangaren waƙa muna tuna Hamsou Garba, haifaffiyar Maraɗi a 1958, wadda ta kafa ƙungiyar Annashuwa a 1991, ta yi waƙa, ta yi rawa, ta gabatar da shiri a rediyo, ta rasu a Yamai ranar 5 ga Disamba 2022. Ita da tsararrakinta sun taso ne a zamanin samariya da bikin matasa na ƙasa, lokacin da ba a raba fannonin: yarinya ɗaya za ta ja waƙa, ta shiga layin rawa, ta sake zane ta dawo a matsayin uwar miji a wasan kwaikwayo, duk a dare guda. Kowace jiha ta tara irin waɗannan mata, daga Damagaram zuwa Dosso, daga Tawa zuwa Diffa. Kaɗan ne suka yi suna irin na Hamsou. Sauran muryarsu ce kawai ta rage a kan kaset, in ma kaset ɗin yana nan.

Kukanmu na farko shi ne aiki uku, kuɗi ɗaya, babu takarda. Ga yadda abin ke tafiya. Mai shirya fim zai kira ƴar wasa a waya, a yi ciniki da baki a kan dunƙulallen kuɗi. Ana cikin ɗauka sai a tuna tana da murya, a ce ta yi waƙar buɗe fim. Ita za ta tsara baitocin, sau da yawa ita za ta kawo karin, ta kwana a situdiyo, ta nemo ƴan amshi daga cikin ƙawayenta. In ta tambayi ladan wannan sai a ce ai duk cikin aikin ne. Fim ɗin zai yi zamaninsa ya wuce, waƙar kuwa ta zauna: rediyo na sa ta, ana kiɗa ta a wurin biki, wani lokaci a yanko ta a saka cikin talla.

Alhali a cikin waƙa guda akwai haƙƙi huɗu mabambanta: na wanda ya tsara baitoci, na wanda ya tsara kari da kiɗa, na masu rerawa da makaɗa, da na wanda ya zuba kuɗin ɗauka. Dokar ƙasa mai lamba 2010-95 ta 23 ga Disamba 2010 ta san da haƙƙin mawallafi, ta kuma san da haƙƙin mai rerawa da mai kwaikwayo. Mace mai hannu da yawa tana iya mallakar uku daga cikin huɗun nan a aiki ɗaya, ta tashi ba ta da ko ɗaya, saboda babu inda aka rubuta. Ofishin haƙƙin mallaka na ƙasa, BNDA, ba zai iya biyan sunan da ba a kai masa ba. Akwai kuma wata ɓarna da ta zo da finafinan bidiyo masu waƙa da rawa: wadda ake gani tana motsa baki daban, mai muryar daban. A jerin sunayen ƙarshen fim a kan rubuta ta farkon a manta da ta biyun, ƴan amshi kuwa ba a ma zancensu.

Takardar yarjejeniyar da za ta hana wannan ba ta wuce shafi biyu. Ta ƙunshi cikakken sunan ƴar wasa da sunan da aka san ta da shi a fage, rawar da za ta taka, yawan kwanaki da kuɗin kowace rana. Waƙa ta sami layinta daban da kuɗinta daban, a fayyace wa ya yi baiti, wa ya yi kari, wa ya rera. A rubuta inda aka yarda a nuna aikin, talabijin ne ko intanet ko talla, a waɗanne ƙasashe, har shekara nawa. Wannan gaɓar ita ce aka fi tsallakewa, kuma ita ce ke raba mutum da haƙƙinsa har abada. A biya rabi kafin a fara, ragowar ranar da aka gama nata ɓangaren, kada a ɗaure ta da sai fim ya fita kasuwa, don wani fim ɗin ba ya fita. A yi kwafi uku, ɗaya nata, ɗaya na mai shiryawa, ɗaya a ajiye a BNDA. Tunda da yawa daga cikin matan ba su karanta Faransanci, a karanta musu da Hausa ko Zabarmanci ko Tamajak ko Fulatanci a gaban shaida kafin su sa hannu ko su dangwala.

Kuka na biyu ya shafi rabon kuɗin da ake karɓa. Ofishin haƙƙin mallaka a ko'ina yana aiki ne da abu biyu: kuɗin da ya karɓo daga masu amfani da waƙa, da takardar da ke nuna wace waƙa aka sa. Takardar nan ta ƙunshi rana, sa'a, sunan waƙa, sunan mai ita da tsawon mintocinta. Idan gidan rediyo ya biya kuɗin shekara bai aiko da ita ba, dole rabo ya koma kintace, kuma kintace yana bin sunan da ke tashe ne. Tsohuwar da ake sa waƙarta ta aure kowace safiya a rediyon karkara ba za ta shiga lissafi ba. Yau kusan kowane gidan rediyo daga kwamfuta yake sa waƙa, kuma manhajar tana iya ajiye jerin abin da aka sa da kanta. Matsalar ita ce sunan da aka ba waƙar a cikin kwamfutar: in an rubuta "waƙar biki 3" ko an bar ta da lambar da waya ta ba ta, jerin ba shi da amfani.

Sai masu tura waƙa da fim a waya a bakin kasuwanni. Ba mu neman a kore su, ƴaƴanmu ne masu neman abinci, kuma su ne suka kai waƙoƙinmu ƙauyukan da ba mu taɓa takawa ba. Bin su rumfa rumfa ma ɓata lokaci ne. Hanyar da ta yi aiki a maƙwabta ita ce ɗan kaso da ake ɗorawa a kan waya, katin memori da sauran kayan kwafi tun a wurin shigowa, duwan ta karɓa ta miƙa wa ofishin haƙƙin mallaka. Burkina Faso ta daɗe tana yin haka.

Kuka na uku shi ne wanda ba ya jira, don haka za mu tsaya a kansa. Aikin matan nan yana kan abubuwa biyu masu ruɓewa: zaren fim da zaren kaset.

Finafinan shekarun 1960 zuwa 1980 galibi a kan fim mai faɗin milimita 16 aka ɗauke su. Jikin zaren asetat ne, kuma zafi da laima na sa shi ya fara sakin wani tsami. Alamar farko wari ce irin ta binegar da ke bugun hanci da an buɗe gwangwani. Tsamin da ya fita shi ke ƙara cin zaren, saboda haka abin yana farawa a hankali sannan ya zabura, kuma gwangwani mai ciwo yana shafa wa na kusa da shi. Daga nan zaren ya ƙanƙance, ya lanƙwashe, ya yi ƙarau. Idan ƙanƙancewar ta haura kashi 1 cikin 100, ramukan gefe ba su ƙara dacewa da haƙoran injin nunawa, sai injin ya yi ta yaga su. Shi ya sa nuna kwafi ɗaya tilo a wurin bikin tunawa, duk da kyakkyawar niyya, yana iya zama ajalinsa. Fim mai launi kuma yana koɗewa ya koma ja-ja. Akwai ƴar takardar gwaji mai launin shuɗi da ake sakawa cikin gwangwani. Tana komawa kore, sannan rawaya, gwargwadon tsananin tsamin. Da ita ake ware masu ciwo daga masu lafiya, kuma ba ta da tsada. Magani na gaskiya sanyi ne. Fim yana jure firiza in an rufe shi cikin leda biyu da abin tsotse laima, kuma in za a fito da shi a bar shi a rufe kwana guda ya huce kafin a buɗe, don kada raɓa ta kwanta masa.

Kaset ya fi ba mu tsoro. Wasannin samariya, bikin matasa, gasar Ɗan Gurmu ta Tawa, wasan kwaikwayon talabijin da na rediyo, duk a kan U-matic, Betacam, VHS, zaren rediyo mai faɗin rubu'in inci da ƙaramin kaset suke. Ɗankon da ke riƙe garin maganaɗisu a jikin zaren yana shan laima ya narke. Irin wannan kaset in an saka shi a na'ura zai yi ƙara, ya manne, ya toshe kan karatu, garin da ke ɗauke da hoto da murya ya goge a jikin ƙarfe. Abin da ya goge ya tafi ke nan. Masana na yi masa gashi mai sauƙi a wajen digiri 50 cikin na'urar da ke riƙe zafi daidai, na sa'o'i ko kwanaki gwargwadon irinsa, sannan a kwafe shi cikin ƴan kwanaki kafin ya koma gidan jiya. Murhun girki ba ya wannan aiki. Kaset mai fumfuna kuwa ba a saka shi a na'ura sam sai an tsabtace, don zai shafa wa duk wanda ya biyo baya, kuma yana cutar da huhun ma'aikaci. Shi kaset ba a sa shi a firiza. Yana son ɗaki mai sanyin da bai wuce digiri 18 ba, laima tsakanin kashi 30 zuwa 40, a jera shi a tsaye, nesa da lasifika da duk abin da ke da maganaɗisu, a kuma cire ɗan maɓallin da ke ba da damar ɗauka a kansa, saboda an sha goge tsohon shiri don a sami kaset ɗin ɗaukar sabo.

Ku duba yanayin Yamai: zafin Afrilu da Mayu da ke haura digiri 40, laimar damina, ƙurar hunturu, ga ɗaukewar kuran. Kuskuren da aka fi yi shi ne na'urar sanyaya ɗaki da ke aiki lokacin ofis a kashe ta da yamma da ranakun hutu. Hawa da saukar zafin nan kullum ya fi ɓarna a kan ɗakin da aka bari da ɗumi marar canjawa. Kada kuma a yi ɗakin ajiya a ƙasan bene ko kusa da kogi. Ambaliyar 1 ga Satumba 2009 ta shiga taskar finafinan Afirka da ke Wagadugu ta jiƙa gwangwanaye masu yawa, mu ma mun ga abin da kogin Isa ke yi idan ya cika.

Dalilin da ya sa muke cewa a fara da kaset kafin fim shi ne na'urorin. Fim hoto ne da ido ke gani, ko nan da shekaru za a iya ƙera abin karanta shi. Kaset sai da na'urarsa, kuma an daina ƙera su: na'urar VHS ta ƙarshe a 2016 aka yi ta, Sony ma ta daina na Betacam. Kan karatu yana cinyewa da aiki, robobin ciki suna narkewa, masu gyara suna tsufa. Kwafin kuma ba ya gaggautuwa: kaset na awa ɗaya awa ɗaya yake ci, ban da shara da dubawa. Idan ma'aikaci ɗaya da na'ura ɗaya ya kwafe awa 4 a rana, kwana 250 a shekara, awa 1000 ke nan. Da wannan lissafi za a san na'ura nawa da mutum nawa ake bukata da zarar an ƙidaya abin da ke akwai.

Wurin zubawa ba shi ne mai tsada ba. Awa ɗaya ta sauti a ma'aunin taskoki, wato kilohaz 96 da bit 24, tana cin kusan gigabait 2. Awa ɗaya ta bidiyon kaset ba tare da matsewa ba tana cin wajen gigabait 100. Fim na milimita 16 da aka yi wa sikan a 2K shi ne mai ci, kusan terabait 1 a awa. Abin da za a kiyaye shi ne kada a kwafe zuwa ƙaramin tsari irin na tura wa a waya a ce an gama, a zubar da asalin. Ana yin babban kwafi na ajiya, daga shi a ciro ƙarami na kallo, asalin kuma a mayar da shi ɗakin sanyi. Babban kwafin ya zama uku, a kan ma'ajiya iri biyu, ɗaya a wani gari. Faifan kwamfuta guda a cikin durowar darakta ba taska ba ce.

Akwai aikin da na'ura ba ta yi. Kaset da yawa abin da ke rubuce a bayansu bai wuce sunan jiha da shekara ba. Wanda zai kalli layin ƴan mata goma sha biyu ya ce wannan wance ce, waccan ita ta tsara waƙar, tsoho ne ko tsohuwa da suka kasance a wurin, kuma kullum raguwa suke. In sun ƙare, za a sami hoto mai kyau na mutanen da ba a san ko su wane ne ba, kuma wadda ba a san sunanta ba babu yadda za a biya ta ko magadanta.

Kuka na huɗu gajere ne don kowa ya san shi: tsufa da ciwo. An gina tsarin CNSS, asusun fansho da kariyar ma'aikata na ƙasa, a kan mai albashin wata da ubangidan da ke zuba masa kaso. Ƴar wasa kuwa samunta na zuwa ne a guntule, lokacin bukukuwa ko yaƙin faɗakarwa ko zaɓe, sannan a yi watanni shiru. Murya na dushewa, gwiwa na gajiya, masu shirya fim na neman sabuwar fuska. Abin da muka saba gani shi ne sanarwar neman taimako a rediyo da WhatsApp idan ciwo ya kwantar da ita, sai tawaga da ambulan ranar gaisuwar rasuwa. Tun 1980 UNESCO ta fitar da shawararta kan matsayin mai fasaha, inda ta ce a ɗauke shi ma'aikaci mai haƙƙin kariya irin ta sauran ma'aikata.

Mai girma Minista, ga abin da muke roƙo.

A fara da ƙidaya, tun kafin damina mai zuwa. A tura ƙananan tawagogi gidajen rediyo da talabijin na gwamnati, cibiyar silima ta CNCN, cibiyar koyar da kiɗa ta Taya, cibiyar bincike ta IRSH, gidajen matasa da al'adu na jihohi, a kuma yi kira ga iyalan marigayan da ke da kaset a cikin akwati. A rubuta irin kaset, abin da ke bayansa, halin da yake ciki. Wannan aikin rajista da alƙalami da takardar gwaji yake bukata. A ba iyalai rasit da alkawarin mayar musu da kayansu tare da kwafi, in ba haka ba ba za su fito da su ba, kuma suna da gaskiya. A cikin tafiyar a tattara duk tsohuwar na'urar U-matic da Betacam da aka jingine, ko matacciya ce, a hana sayar da su ga ƴan gwangwan, don daga uku ake tayar da ɗaya.

A ware ɗaki biyu masu wutar sola da batir da ba su dogara da kuran ba, ɗaya a Yamai, ɗaya a Tawa. Mun ambaci Tawa ne da dalili: tazarar fiye da kilomita 500 na hana musiba ɗaya ta ci duka biyun, kuma garin ne Moustapha Alassane ya zauna ya yi aiki shekaru da dama. Finafinan farko a Faransa aka wanke su saboda ba mu da wurin wanki, don haka asalin da yawa daga cikinsu yana waje. A nemi jerinsu da kwafi mai cikakken inganci. Akwai ƙofar da ba sai an bi ta siyasa ba: shirin ceto finafinan Afirka da ƙungiyar masu shirya fim ta Afirka, FEPACI, da UNESCO da gidauniyar Martin Scorsese suka ƙaddamar a 2017.

A ɗauki dattawan sana'a aiki na ɗan lokaci, da alawus, su zauna gaban allo su faɗi sunaye, a rubuta, a miƙa jerin ga BNDA.

A kan yarjejeniya, gwamnati ta fara da kanta. Ita ce babbar mai sayen waƙa da wasa a ƙasar nan, daga faɗakarwar rigakafi zuwa bikin 18 ga Disamba. A kafa sharaɗi cewa ba za a fitar da kuɗin kowane irin wannan aiki ba sai an haɗa da takardar da ke ɗauke da sunan kowane mai rerawa, ƴar amshi, makaɗi da ƴar rawa, da abin da ya shiga hannun kowa. Kuɗin da ake damƙa wa shugaban ƙungiya a dunƙule ba ya isa layin baya yadda ya kamata. Haka duk fim da ya nemi tallafi ko izinin ɗauka. Gidajen rediyo da talabijin kuma a haɗa sabunta izininsu da miƙa jerin abin da suka sa.

Daga kuɗin da za a karɓa a kan waya da kayan kwafi, a yanke kaso sananne a rubuce don asusun lafiya da tsufa na masu fasaha, a riƙa buga lissafinsa kowace shekara, mata su sami kujeru a kwamitin da ke kula da shi. A zauna da CNSS a fito da hanyar da mai samun kuɗi a guntule zai riƙa zubi duk lokacin da ya samu. Waɗanda suka riga suka tsufa ba za su iya jiran wannan ba. A yi musu rajista yanzu a ba su katin ganin likita.

In an ga dama a sa sunan Zalika Souley a wani zauren kallo, za mu zo da gayya. Amma in za a zaɓa tsakanin allon suna da na'urar kwafi, a sayi na'urar.

Muna roƙon ku ba mu ranar ganawa, tare da shugabannin CNCN da BNDA da na gidan rediyo da talabijin na ƙasa. Za mu zo da samfurin takardar yarjejeniya cikin Hausa da Zabarmanci da Faransanci, da sunayen masu gyaran na'ura da suka rage a Yamai waɗanda ke shirye su koyar da matasa.

Allah ya ƙara muku lafiya. Wassalam.

Daga wasu ƴan wasa, mawaƙa da ma'aikatan hoto da sauti,
Yamai.